Waɗanda suka tsine wa jam'iyya su suka kafa ta

Ƙanena da ke karatun kimiyyar siyasa ya same ni ran Asabar da yamma ina zaune kan tabarma a ƙofar gida. Ya tsuguna ya gaishe ni, sannan ya ce, "Yaya, an ba mu aiki a kan yadda dimokuraɗiyya ta kafu a Amurka. Da wane littafi zan fara?" A hannunsa akwai wani ƙaton littafi mai hoton George Washington a bango, irin waɗanda ake rubutawa don a yabi mutum tun daga ranar suna har ranar jana'iza. Na ce ya ajiye wannan tukuna. Na shiga ɗaki na ɗauko masa wani tsohon littafi da na saya shekarun baya wurin masu baza littattafan gwanjo a ƙasa. Bangonsa ya ɓare, kuma wani da ya riga ni mallakarsa ya bi shafukan da fensir yana ja wa kalmomi layi. Littafin Richard Hofstadter ne, The Idea of a Party System, wanda ya fito a 1969. Yaron ya juya shi gaba da baya, ya ce, "Yaya, ai wannan a kan jam'iyyu yake, mu kuwa dimokuraɗiyya aka ce mana." Na ce masa to ai a nan gizo ke saƙar.

Ra'ayina dai shi ne, duk mai son sanin yadda mulkin jama'a ya tsaya da ƙafarsa a Amurka, ya bar littattafan kirarin iyayen ƙasa, ya nemi littattafan rigimar jam'iyyu. Kundin tsarin mulki an rubuta shi cikin wata huɗu a Philadelphia a 1787. Abin da ya ɗauke su shekara arba'in da ɗoriya shi ne yarda cewa wanda ke neman ƙwace kujerarka ta hanyar ƙuri'a ba maciyin amanar ƙasa ba ne. Wannan yarda kuwa ba daga bakin manyan masu tunani ta fito ba. Daga ɗakunan ɗab'i masu warin tawada ta fito, da mashaya, da hannun 'yan siyasar da manyan ke yi wa kallon raini.

Mu da muka ari tsarin shugaban ƙasa irin na Amurka tun 1979, mun ari takarda, amma labarin yadda masu takardar suka koyi zama da juna ba mu cika neman sa ba. Shi ya sa idan gardama ta kaure a teburin mai shayi sai ka ji wani ya ce, "A Amurka ba a haka." An yi haka, an ma yi fiye da haka.

A kundin tsarin mulkin Amurka babu kalmar jam'iyya ko sau ɗaya, kuma ba mantuwa aka yi ba. Mutanen da suka rubuta shi sun ɗauki jam'iyya a matsayin cuta. James Madison, a maƙala ta 10 cikin maƙaloli 85 da shi da Alexander Hamilton da John Jay suka rubuta don a amince da kundin, ya yi dogon bayani ne a kan yadda za a rage sharrin ɓangaranci, tunda ba a iya tumɓuke shi ba tare da an kashe 'yanci ba. Thomas Jefferson ya rubuta wa wani abokinsa a 1789 cewa in har ba ya shiga aljanna sai tare da wata jam'iyya, to ya haƙura da shigar. Washington kuma, da zai sauka a 1796, babban gargaɗinsa a wasiƙar ban kwana shi ne a guji ruhin jam'iyya. To amma kafin tawadar wannan wasiƙa ta bushe, jam'iyyu biyu sun riga sun tsaya, kuma Madison da Jefferson su ne iyayen ɗaya daga ciki.

Ruwa ba ya tsami banza. Hamilton, a matsayinsa na ministan kuɗi, ya kawo shirin gwamnatin tarayya ta ɗauki bashin yaƙin da ke kan jihohi a 1790, ya kafa bankin ƙasa a 1791, ya sa haraji a kan barasa. Jefferson, ministan harkokin waje, ya ga wannan duk hanya ce ta miƙa ƙasar ga masu kuɗin birni da komawa tsarin sarauta irin na Ingila ta bayan fage. Juyin juya halin Faransa ya ƙara wa wutar fetur: masu bin Hamilton, 'yan Federalist, suka karkata ga Ingila, masu bin Jefferson, 'yan Republican, suka karkata ga Faransa. A kula, ba wannan Republican ɗin ta yau ba ce, ita sai 1854 aka kafa ta.

Abin da ya fi ba ni dariya a wannan zango shi ne labarin Philip Freneau. Jefferson yana minista a gwamnatin Washington, ya ɗauki mutumin aikin fassara a ma'aikatarsa a kan dala 250 a shekara, shi kuma ya buɗe jarida mai suna National Gazette a 1791, aikinta kullum sukar Hamilton da manufofin gwamnatin da ke biyan sa albashi. Ɗaya ɓangaren su ma suna da tasu jaridar ta John Fenno, wadda ke samun kwangilar buga takardun gwamnati. A wurinmu sojan baka za a kira kowannensu. Jeffrey Pasley ya rubuta littafi guda a 2001 a kan waɗannan masu buga jaridu, inda ya nuna cewa kafin a sami sakatariya ko shugaban jam'iyya, ɗakin ɗab'in jarida shi ne ofishin jam'iyyar. Editan shi ne mai shirya taro, shi ne mai buga sunayen 'yan takara, shi ne kuma wanda ake fara dauka idan an zo kame. Manyan suna gonakinsu suna rubuta wa juna wasiƙu suna cewa su ba 'yan jam'iyya ba ne.

Shekarar 1798 ita ce nake so kowane ɗalibi ya tsaya a kanta ya daɗe. Ana fargabar yaƙi da Faransa, 'yan Federalist na da rinjaye a majalisa, sai suka yi dokoki huɗu. Ɗaya ta mayar da shekarun da baƙo zai jira kafin ya zama ɗan ƙasa daga 5 zuwa 14, don sun lura baƙin Ireland Jefferson suke zaɓa. Wata ta haramta rubuta ƙarya ko ɓatanci ga gwamnati, ko majalisa, ko shugaban ƙasa. Mataimakin shugaban ƙasa, wanda a lokacin Jefferson ne, ba a sa shi cikin waɗanda dokar ta kare ba. Kuma an tsara dokar ta mutu ranar 3 ga Maris 1801, wato ranar ƙarshe ta wa'adin shugaba John Adams. Wanda ya karanta wannan ya ce ba bita da ƙulli ba ne, sai dai in bai san bita da ƙulli ba.

Cikin waɗanda dokar ta fara ci akwai Matthew Lyon, ɗan majalisar wakilai daga Vermont, haifaffen Ireland, mutum mai zafin kai. Tun farkon shekarar ya tofa wa wani ɗan majalisa, Roger Griswold, yawu a fuska a zauren majalisa saboda ya yi masa gori kan aikinsa na soja. Bayan mako biyu Griswold ya zo da sanda ya hau shi da duka, Lyon ya ruga wurin murhu ya ɗauko awartaki, suka yi ta kokawa a ƙasa sai da aka ja su ta ƙafa. Zauren majalisar ƙasa fa. A watan Oktoba aka gurfanar da Lyon saboda sukar Adams, aka ɗaure shi wata huɗu, aka ci shi tarar dala 1,000. Yana cikin kurkuku mutanen mazaɓarsa suka sake zaɓen sa. Shi kuwa Benjamin Franklin Bache, jikan Benjamin Franklin, editan jaridar Aurora, an kama shi a wannan shekara, cutar shawara ta kashe shi kafin a yi shari'arsa.

Masu yin dokar ba su ga kansu a matsayin azzalumai ba, kuma nan ne littafin Hofstadter ya yi min amfani. A tunaninsu gwamnati da jama'a suka zaɓa ita ce ƙasa, don haka wanda ya shirya ƙungiya don yaƙar ta, ƙasa yake yaƙa. Tun 1794 Washington ya soki ƙungiyoyin dimokuraɗiyya da suka bazu a garuruwa, ya ɗora musu alhakin boren manoman yammacin Pennsylvania kan harajin barasa, a kan cewa ba wanda ya kafa su sai kansu. Ka yi zaɓe, ka koma gonarka, ka jira wani zaɓen: iyakar aikin talaka ke nan a ganin yawancinsu.

Sai zaɓen 1800. Littattafan kirari a jimla ɗaya suke wuce shi: karon farko da mulki ya koma daga wata jam'iyya zuwa wata cikin lumana. Gaskiya ne, amma lumanar da kyar ta sha. Adams ya sami ƙuri'ar wakilan zaɓe (wato wakilan jihohi da ke zaɓen shugaban ƙasa) 65, Jefferson da abokin takararsa Aaron Burr kowa 73, domin tsarin lokacin bai bambanta ƙuri'ar shugaba da ta mataimaki ba. Maganar ta koma majalisar wakilai, wadda har yanzu ke hannun 'yan Federalist da suka sha kaye. Suka ga dama ta samu, suka ce gara Burr. Daga 11 zuwa 17 ga Fabrairu 1801 aka yi ta kaɗa ƙuri'a, sau 35 ba wanda ya yi nasara. Gwamnonin Virginia da Pennsylvania suka fara shirin tara mayaƙan jihohinsu in aka hana Jefferson kujera. Hamilton, wanda ba ya ga maciji da Jefferson, shi ne ya riƙa rubuta wasiƙu yana roƙon 'yan jam'iyyarsa su bar masa, don a ganinsa Jefferson na da aƙida ko da gurguwa ce, Burr kuwa ba shi da komai sai son kai. A zagaye na 36 James Bayard na Delaware da wasu suka janye hannu, Jefferson ya ci. Ƙuri'ar jihar Vermont kuwa, Matthew Lyon ne ya jefa wa Jefferson ita, wannan dai mai awartakin. Adams bai tsaya rantsarwa ba, tun asuba ya hau keken doki ya bar gari. Bayan shekara uku, a Yulin 1804, Burr yana mataimakin shugaban ƙasa ya harbe Hamilton a fito-na-fito da bindiga a gaɓar kogin Hudson.

Joanne Freeman ta rubuta Affairs of Honor a 2001 a kan wannan duniya ta gori da tsegumi da ƙalubalen bindiga. Hujjarta ta gamsar da ni: inda babu tsayayyiyar jam'iyya da za ta ɗauki zagi a madadinka, duk suka a kan mutuncinka take sauka, shi ya sa jini ke zuba.

Kada kuma a ɗauka Jefferson da ya hau ya rungumi adawa. A jawabinsa na rantsuwa ya ce dukkansu 'yan Republican ne, dukkansu 'yan Federalist ne, kuma ana yawan kawo wannan a matsayin dattaku. Hofstadter ya karanta ta wata fuska, ni ma na bi shi: manufar ita ce a jawo mabiyan Federalist, a bar shugabanninsu su bushe, jam'iyyar ta mutu, a koma ƙasa ɗaya murya ɗaya. Jefferson ya yafe wa waɗanda aka ɗaure ƙarƙashin dokar 1798, amma bai ƙi a gurfanar da editocin da ke zaginsa a kotunan jihohi ba. A New York aka kama Harry Croswell saboda ɓata sunan Jefferson, kuma lauyan da ya tsaya masa a ɗaukaka ƙara a 1804, yana kare 'yancin faɗin gaskiya, Hamilton ne. Kowa na son 'yancin jarida ranar da yake adawa.

Burin Jefferson ya cika. Jam'iyyar Federalist ta kashe kanta da taron Hartford na 1814 lokacin yaƙi da Ingila, inda aka yi mata tambarin masu son ɓallewa. A 1820 James Monroe ya sake cin zaɓe ba abokin hamayya, ƙuri'ar wakili ɗaya kawai ya rasa. Ga ƙasa ba adawa, abin da iyayen ƙasa suka yi mafarki. Me ya biyo baya? Zaman 'yan marina, kowa da inda ya sa gaba. Ministoci suka koma yi wa juna zagon ƙasa, rikicin shigar jihar Missouri tarayya da bayi ya kusa raba Arewa da Kudu, a 1824 mutum huɗu daga jam'iyya ɗaya suka fito takara. Andrew Jackson ya fi kowa ƙuri'a, majalisa ta ba John Quincy Adams, shi kuma ya naɗa Henry Clay, wanda ya taimaka masa, ministan harkokin waje. Magoya bayan Jackson suka ce ciniki aka yi. Duk lokacin da na ji wani yana cewa a soke jam'iyyu kowa ya tsaya da kansa za a sami sauƙi, wannan zangon nake tunawa. Gwamnati ta ƙera jam'iyyu da kanta ta raba wa mutane, kamar yadda aka yi mana da SDP da NRC a 1989, shi ma wani gajeren hanya ne da ba ya kaiwa.

Mutumin da ya fara cewa a fili jam'iyya abu ne mai kyau, kuma adawa mai ɗorewa alheri ce, ba ya cikin waɗanda ake sa hotonsu a bangon manyan littattafai. Martin Van Buren ɗan mai mashaya ne a ƙauyen Kinderhook na jihar New York, da harshen Holand ya tashi, bai je jami'a ba. A ɗakin mahaifinsa ya koyi sauraron 'yan siyasa suna gardama. Shi da abokansa suka gina wata ƙungiya a Albany mai horo kamar soja: a yi taro a tsayar da ɗan takara, wanda ya faɗi ya bi, wanda ya yi wa jam'iyya aiki a saka masa da muƙami, wanda ya yi tawaye a ajiye shi. Ɗaya daga cikinsu, William Marcy, shi ne ya faɗa a majalisar dattawa a 1832 cewa ganima ta wanda ya ci yaƙi ce. Ba magana ce mai daɗin ji ba. Amma Van Buren yana iya yaƙar mutum da rana su ci abinci tare da dare, abin da tsarar Hamilton ba su iya ba. A wurinsa abokin hamayya ba wanda za a shafe ba ne, don in babu shi, naka mutanen ma watsewa za su yi. Da wannan dabara ya haɗa jam'iyyar Democrat da ta kai Jackson mulki a 1828, shi ma ya hau a 1837, ya sha kaye a 1840 a hannun 'yan Whig waɗanda suka kwaikwayi salonsa na gangami da waƙoƙi har suka fi shi iyawa. Ya miƙa mulki cikin lumana ga wanda ya kayar da shi. Masu fitowa zaɓe, waɗanda ba su kai kashi 30 cikin 100 na masu haƙƙi ba a 1824, sun kai wajen kashi 80 a 1840.

Nan ne kuma nake rabuwa da Hofstadter kaɗan, na kuma ce wa ƙanena kada ya tsaya a littafi ɗaya. "Masu haƙƙi" su wane ne? Alexander Keyssar, a tarihin 'yancin zaɓe da ya fitar a 2000, ya nuna ƙofar ba buɗewa kawai take yi ba, tana buɗe wa wani tana rufe wa wani. A New Jersey mata masu dukiya suna zaɓe har 1807, aka hana su. A New York, gyaran tsarin mulki na 1821, wanda Van Buren yana cikin masu yin sa, ya sauƙaƙa wa talakan farar fata, ya ɗora wa baƙar fata sharaɗin mallakar kadarar dala 250. Pennsylvania ta hana baƙar fata zaɓe gaba ɗaya a 1838. Jackson, gwarzon talakawa, shi ya sa hannu a dokar 1830 da ta kai ga korar ƙabilar Cherokee da wasu daga ƙasarsu, kuma a zamanin Van Buren, a 1838, aka kora su a ƙasa dubbai suka mutu a hanya. Ita kanta nasarar Jefferson ta 1800, masana tarihi da dama sun lissafa cewa da ba don ƙa'idar ƙirga kowane bawa a matsayin kashi uku cikin biyar na mutum wurin rabon kujeru ba, da Adams ne ya ci. Bayin da ba su da ƙuri'a su suka ƙara wa iyayengijinsu nauyi a ma'auni.

Ƙaton littafin Sean Wilentz na 2005, The Rise of American Democracy, yana da daɗin karatu kuma ya shiga lungunan ma'aikata da manoma, sai dai a ganina yana yi wa Jackson sassauci fiye da kima. A karanta shi da fensir a hannu. Na Alexis de Tocqueville kuwa, Bafaranshen da ya zaga ƙasar wata tara daga 1831, kowa na ambatonsa, kaɗan ne suka karanta. Yana da kaifin ido a kan ƙungiyoyin sa kai da danniyar masu rinjaye, amma baƙo ne, kuma yawancin waɗanda suka ba shi labari masu kuɗi ne da ba sa son Jackson.

Akwai wata wasiƙa da na nuna wa ƙanena da yatsa, don wanda ya riga ni mallakar littafin ma ya ja mata layi biyu. Van Buren ne ya rubuta wa Thomas Ritchie, editan jarida a Richmond, a Janairun 1827. Ya ce a haɗa masu manyan gonakin Kudu da talakawan Republican na Arewa a jam'iyya ɗaya, domin in ba a farfaɗo da tsohuwar biyayyar jam'iyya ba, rabuwar za ta koma tsakanin jihohin bayi da jihohin 'yanci. Dabarar ta yi aiki. Ɗan Democrat na New York da na Virginia suka zama 'yan gida ɗaya, ƙasa ta zauna shekara talatin. Kuɗin wannan zama kuwa shi ne a yi shiru a kan bauta. Daga 1836 zuwa 1844 majalisar wakilai ta kafa ƙa'idar da ta hana ko tattauna takardun koke a kan bauta. A 1860 jam'iyyar ta dare biyu a babban taronta na Charleston a kan wannan maganar da aka binne, a watan Afrilun shekara mai zuwa aka fara harbi a bakin tekun wannan gari.

Bayan mako biyu yaron ya dawo da littafin a cikin leda, ya sa masa sabon bango da takardar kalanda. Ya ce, "Yaya, shi Van Buren ɗin nan, mutumin kirki zan rubuta ko ɗan wayo?" Na ce ya rubuta abin da ya yi a 1821, da abin da ya rubuta a 1827, da yadda ya miƙa mulki a 1841, ya bar malaminsa ya sha wahalar yanke hukunci. Ya yi dariya, ya ce shafi biyar kawai aka ce su rubuta. Sannan ya tambaya ko ina da na matar nan mai labarin harbe-harben, na ce wani ya ara tun bara bai dawo da shi ba.